Direban motar fiffike: sana'ar da ake ci da sanin laka

Duk mai bin bidiyon motoci a waya ya taɓa cin karo da ita: 'yar mota kamar keji, tayoyinta a waje, an ɗora mata wani faffaɗan fiffike a ka, tana shan kwana a karkace, laka na tashi a bayanta. Samarin Birnin Kebbi da Jega kan tura wa juna irin wannan bidiyo suna cewa ai wasan mota ne, irin na ranar kai amarya. Ko kusa. A Amurka, inda abin ya fi ƙarfi, sunan motar sprint car, kuma akwai magidantan da ba su da wani abin yi sai tuƙa ta, daga Fabrairu har Nuwamba. Ƙarfin hali kowa da ke cikin filin yana da shi. Abin da ke raba wanda ya daɗe a sana'ar da wanda ya koma gida bayan shekara biyu shi ne sanin ƙasa, sanin ƙarfe, da iya lissafin kuɗi.

A fara da motar. Injin babban aji silinda takwas ne, girmansa lita 6.7, wanda su a can suke aunawa da inci su ce 410. Yana ba da ƙarfin doki wajen 900. Ƙungiyar World of Outlaws, wadda Ted Johnson ya kafa a 1978 kuma ita ce babbar gasar wannan fanni, ta ƙayyade cewa mota da direbanta kada su gaza fam 1,425, wato kimanin kilo 646. Corolla ta kusa ninka ta a nauyi, amma ƙarfinta kusan kashi ɗaya cikin shida ne na wannan.

Don a rage nauyi, an zubar da kusan duk abin da makanike ya saba gani. Babu akwatin giya, babu kulochi, babu sitata, babu batirin tayar da inji. Wutar filogi daga magineto take zuwa. Farfela ta fito daga bayan inji, ta bi ta tsakanin ƙafafun direba, ta shiga aksil na baya kai tsaye, sai wani hannu ɗaya da ke haɗa ta ko ya raba ta. Shi ya sa motar ba ta tashi da kanta. Direba zai sa ta a giya, wata a-kori-kura ta zo ta dafa bayanta ta tura. Tayoyi na juyawa, inji na juyawa, shi kuma idonsa na kan allurar baƙin mai. Sai ya ga mai ya hau, sannan ya buɗe famfon metanol ya kunna magineto. Wanda ya yi gaggawa ya ba inji wuta kafin mai ya zagaya, ƙarafan cikin inji ne za su biya. Haka kuma in mota ta juya da mutum a tsakiyar tsere ta mutu, sai an tsayar da tsere an turo shi, kuma daga can ƙarshen layi zai ci gaba.

Tunda giya ɗaya ce, dole a zaɓe ta daidai da fili kafin a shiga. A bayan aksil akwai murfi, a cikinsa haƙoran giya biyu ne da ake zarewa da hannu a sa wasu cikin 'yan mintuna. Filayen sun bambanta, daga mai zagayen mita 400 zuwa mai mita 800. Giyar da ta yi gajarta a babban fili za ta sa inji ya ƙure kuka tun kafin a kai kwana, bawul ko sifirin ɗinsa ya karye. Wadda ta yi tsawo kuma, mota za ta fito daga kwana a mace, a wuce ta.

Man da take sha metanol ne, ba fetur ba. Yana sanyaya inji, yana jure matsi, amma sai an zuba kusan ninkin abin da za a zuba na fetur. Tankin yana can wutsiyar mota, yana ɗaukar sama da lita 100, nauyin kusan kilo 80 ke nan a bayan tayoyin baya. Yayin da man ke ƙonewa wutsiya na yin sauƙi, don haka motar da direba ya fara tsere da ita ba ita ce zai ƙare da ita ba. Metanol na jan ruwa daga iska, yana cin alminiyam da roba, yana kuma gangarawa cikin baƙin mai ya tsinka shi. Saboda haka bayan kowane daren tsere ana wanke layukan mai, a cire bakunan fesawa a busa su ɗaya bayan ɗaya, a yawaita juyen mai. Baki ɗaya tak in ya toshe da datti, silindarsa za ta ji ƙishi, ta yi zafi, fistin ya huje.

Tayoyin baya ba girmansu ɗaya ba, kuma da gangan ne. Aksil ɗin baya sanda ce guda, tayoyin biyu tare suke juyawa, tseren kuma kullum hagu ake yi. Sai aka sa tayar dama ta fi ta hagu girma. Ka gangara bokiti a ƙasa ka gani: bakinsa ya fi gindinsa faɗi, don haka ba ya tafiya miƙe, lanƙwasawa yake. Kewayen tayar dama wajen inci 105 ne, ta hagu kuma ana da su kala-kala daga inci 90 zuwa sama. In aka sa mai 92, bambanci inci 13 ke nan. Ƙaramin fili mai matsattsen kwana yana son bambanci mai yawa. Babban fili, ko wanda ya bushe ya yi santsi, yana son a rage, in ba haka ba wutsiya ta riƙa zamewa, taya na juyawa a banza. Da tef ake aunawa, ba da ido ba, kuma a sake aunawa in taya ta yi zafi, don iska na kumbura ta ta ɓata lissafi. Iskar ma kaɗan ake sa wa. Mai faci a bakin tasha kan ba tayar ƙaramar mota awo 30 da ɗoriya, a nan kuwa ta hagu ba ta kai 10 ba, shi ya sa ake ɗaure bakin taya da zoben ƙarfe da kusoshi don kada ta fice daga wili. Akwai yaro guda a ayarin masu kula da motar da ba shi da aiki sai taya: ya goge fuskarta da injin gurza, ya yanka mata tsaga da wuƙa mai zafi, ya rubuta kewayenta da alli a gefe.

Maimakon sifirin mai naɗi, sandunan ƙarfe masu murɗuwa ne ke ɗauke da motar, irin dabarar da ke gaban Hiace. Ana sauya su da masu kauri ko sirara, a juya ƙusar da ke ƙarshensu don a matsar da nauyi daga wannan taya zuwa waccan. Birki kuma biyu ne da ake ji da su, babba a kan aksil na baya, ƙarami a tayar gaba ta hagu, wanda in an taɓa shi yake fizgo hancin mota cikin kwana.

Fiffiken sama ƙafa biyar ne a tsaye, biyar a kwance, da ƙarami a kan hanci. Iska ta bi ta kansa ta danne mota a ƙasa, allunan gefensa kuma, na hagu ya yi sama na dama ya yi ƙasa, su tare iska a kwana su hana mota zamewa waje. Da shi ne ake zagaya Eldora a jihar Ohio, fili mai rabin mil, cikin ƙasa da daƙiƙa 13. Direba na da hannu a gefensa da yake matsar da fiffiken gaba ko baya yana cikin gudu. In ya tura shi gaba, hanci ya kama ƙasa, mota ta yarda ta juya. In ya ja shi baya, wutsiya ta zauna. Yawanci da shi a gaba ake farawa, a riƙa jan sa baya da kaɗan-kaɗan yayin da fili ke bushewa, mai kuma ke raguwa. Sabon shiga kan ja shi baya gaba ɗaya da zarar ya ji santsi, sai hanci ya ƙi juyawa, ya nufi katanga. Akwai kuma masu tsere ba fiffike, a ƙarƙashin ƙungiyar USAC, musamman a Indiana. Gudunsu bai kai ba, amma a ganina a nan ne ake gane wanda ƙafarsa ta iya totur.

Yanzu ga inda sana'ar take, wato ƙasa. Kwalta yadda ka same ta da yamma haka za ka bar ta da dare. Laka ba haka take ba. Tun kwana ɗaya ko biyu kafin tsere masu fili ke karta ta da garmar tarakta, su shayar da ita ruwa da tanka, su bar shi ya ratsa, sannan su danne ta. Da farkon dare tana da danshi da danƙo, taya na kama ta sosai, kowa na take totur har ƙasa, mai babban inji ne ke gaba, wuce mutum kuma da wuya. Motoci na bi suna kwashe saman suna watsa shi waje, sai ya taru a can saman kwana ya zama tudu. Tsakiyar hanya ta bushe, ta yi baƙi, ta yi ƙyalli a hasken fitila. Wannan ƙyallin santsi ne. Daga nan hanya ta rabu biyu. Ko dai ka hau sama ka jingina tayar dama da tudun lakar, ka yi doguwar hanya da gudu, ko ka sauko can gindin kwana inda ɗan danshi ya rage, ka bi a hankali da rabin totur, tayar hagu na lasar jiƙaƙƙen wurin. Mai bin tudu in ya shige shi da yawa, tudun zai kama tayar dama, gefen hagu ya tashi sama, mota ta wuntsila. Mai bin gindi in ya kuskure da taku ɗaya ya faɗa santsi, mota uku sun wuce shi kafin ya farfaɗo. Wani daren kuma filin kan bushe har robar taya ta fara mannewa a kai. Da zarar haka ta faru layi ɗaya ya rage, wanda ya riga gano shi ya tafi, saura su bi shi a jere suna addu'ar kada tayarsu ta cinye kafin a gama.

Duk wannan direba shi kaɗai zai karanta shi. Babu madubi a motar, babu rediyon magana da makanikansa. Da launin ƙasa yake ganewa, da yadda kujera ke gaya wa ƙugunsa, da ƙarar injin wanda ke binsa. Laka na bugun gilashin hular kwanonsa, don haka ana jera masa siraran ledoji a kai, in ɗaya ta rufe ya fizge ta da hannu ɗaya yana tsakiyar gudu. Wanda ya fizge biyu-uku a haɗe, ledarsa za ta ƙare tsere bai ƙare ba. Shi ya sa za ka ga gogaggun direbobi, in ba su cikin mota, suna tsaye a bakin shinge suna kallon tseren wasu, ko sun shiga fili suna soka sukundireba a ƙasa su ga iya inda danshi ya kai.

Tsarin dare kusan ɗaya ne a ko'ina. A ɗan zagaya a ji mota, sannan kowa ya fita a auna masa lokaci a zagaye biyu. Daga nan a raba su rukuni-rukuni a yi gajeren tsere na zagaye 8 zuwa 10, na gaba-gaba su wuce, saura su sake fafatawa a zagayen neman dama ta ƙarshe. Babban tsere mota 24 ne ko kusa da haka, zagaye 25 zuwa 40. Tun a wancan awon lokaci na daƙiƙa talatin ake gyara dare ko a ɓata shi, don wanda ya makara a can a baya zai yi ta tashi.

Ba a faɗo wa wannan mota daga sama. Yara kan fara tun suna shekara biyar zuwa bakwai da 'yan ƙananan motoci masu injin silinda ɗaya. Daga nan sai masu injin babur na cc 600, sannan ajin injin inci 305 ko 360, kafin a kai 410. Jeff Gordon ya fara yana ɗan shekara biyar, kuma iyayensa sun tashi daga Kalifoniya suka koma Indiana don a can ne ake barin yaro mai shekarunsa ya hau babbar mota. Kyle Larson ya fara yana ɗan bakwai a filayen laka na Kalifoniya. Dukansu daga baya sun zama zakarun NASCAR, gasar kwalta mafi kuɗi a ƙasar, sai dai Larson bai bar laka ba: a 2020 kaɗai ya ci tsere sama da 40 a kanta.

Matakin farkon nan bai fi ƙarfin mutanenmu ba. A ƙananan ajujuwan yara, akwai wanda injinsa na cc 196 ne, dangin injin ban-ruwan da manoman shinkafa ke ja a fadamar Argungu da Suru, wanda kowane makaniken kasuwa ya san cikinsa. Masu walda da za su haɗa gangar jiki ma akwai su. Abin da babu shi ne fili da doka. Gangamin motocin da aka yi daga Abuja zuwa Argungu lokacin bikin kamun kifi na 2020 tafiyar hanya ce, ba tseren zagaye ba. Filin sukuwar doki kuma bai dace ba, don yashi ba ya riƙe ruwa, ba ya dannuwa, ƙura kawai zai tayar ya toshe ido da inji. Laka ake so, amma baƙar lakar fadama zalla in ta bushe tsagewa take ta yi tauri, sai an gauraya ta da jar ƙasa an gwada. A zafin Maris da Afrilu ko iskar hunturu, ruwan da aka zuba da rana ba zai kai magariba ba, dole sai dare da fitilu. Kafin duk wannan kuma sai katanga da shingen waya tsakanin mota da 'yan kallo. Wanda ya shirya tsere babu shinge, kisan kai ya shirya.

Komawa Amurka, matashin da ya kai 410 yakan fara da filin garinsu, kowane ƙarshen mako. A Pennsylvania akwai filin Williams Grove, da aka buɗe tun 1939, da Port Royal da Lincoln, inda direbobin gida suka ƙware har baƙi 'yan World of Outlaws kan sha kashi a hannunsu. Wasu a nan suke ƙare rayuwarsu ta tsere, da rana suna wani aikin. Wanda ya yi fice sai wani mai mota ya kira shi. Yarjejeniyar da aka fi sani ita ce mai mota ya ɗauki nauyin komai, direba ya karɓi wani kaso na abin da aka ci, kusan rabi ko ƙasa da haka. Albashi ba kowa ke da shi ba. A daren World of Outlaws na yau da kullum, na ɗaya kan samu dala 10,000 ko ɗan fiye, na can baya kuwa abin da zai samu da ƙyar ya biya taya da mai da gas ɗin tirela. Sabon inji ya haura dala 50,000, ba ya kuma daɗewa sai an mayar da shi wurin maƙerinsa an kwance, ayarin da ke yawon ƙasa kuma sai ya ajiye da yawa. Shi ya sa kamfanonin da sunansu ke jikin fiffike su ne ainihin masu riƙe da ayari, shi ya sa kuma za ka ga matar direba ko mahaifiyarsa a bayan rumfar 'yan kallo tana sayar da riguna masu hotonsa. Ga direbobi da yawa kuɗin rigar nan ne cefanen gida. In aka yi ruwan sama aka fasa tsere, an yi tafiyar ɗaruruwan kilomita a banza.

Kakar World of Outlaws na farawa a Fulorida ta ƙare a Charlotte, dare 80 ko fiye, wani lokaci uku a mako a jihohi daban-daban. Mutum uku ne galibi ke bin mota. An tashi tsere tsakar dare, sai wurin wankin mota a kankare laka, a kama hanya, da safe a baje kaya a harabar otal: a auna bawul, a duba kowace ƙusa, a nemi tsaga a jikin ƙarfe, a shirya gaban mota na ko-ta-kwana a ɗaure, don in aka yi karo 'yan mintuna kawai ake bayarwa a gyara. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Manyan ranakun su ke ɗaga shekara. Knoxville Nationals a jihar Iowa, da aka fara a 1961 kuma ake yi a watan Agusta, ita ce kowa ke mafarki. A 2023 an yi tsere a Eldora wanda Logan Schuchart ya ci ya tafi da dala 1,002,023. A Janairu kuma, lokacin sanyin Amurka, wasu na tafiya Tulsa don Chili Bowl, tseren ƙananan motoci da ake yi a cikin rufaffen gini tun 1987, wasu su wuce Ostareliya inda bazara take.

Haɗarin ba ɓoyayye ba ne. Tayoyi a waje suke, in ta gaban wani ta hau ta bayan wani, sama mota ke yi. Fiffiken kan shanye bugun farko, sai keji, sai kujera mai rungume kai da haƙarƙari, da bel mai hannu biyar, da abin tallafe wuya, da igiyar da ke hana hannu fita waje. Wutar metanol kusan ba a ganinta da rana, sai dai a ga mutum yana birgima, kuma ruwa ne ke kashe ta. Duk da haka ana rasa rai. Jason Leffler ya rasu a 2013, Bryan Clauson a 2016, Jason Johnson kuma, wanda ya ci Knoxville a 2016, ya rasu a 2018. Tony Stewart, duk da ya zama zakaran NASCAR sau uku, a irin wannan mota ya karya ƙafa a 2013. Abin da ya fi yawa shi ne karayar ƙashin baya da bugun ƙwaƙwalwa, kuma mai cin kaso in ya kwanta jinya, wani za a ɗora a kujerarsa a mako mai zuwa.

Wanda ya tsira da lafiyarsa kan daɗe, don sanin ƙasa da shekaru yake ƙaruwa. Steve Kinser na Indiana ya ci kambun World of Outlaws sau 20 da Knoxville sau 12, a 1987 kaɗai ya ci manyan tsere 46 na ƙungiyar. Ya gwada NASCAR a 1995, bai yi nisa ba ya dawo laka, ya ci gaba da tsere har ya haura shekara 60. Donny Schatz ya ci kambun sau 10 tsakanin 2006 da 2018, da Knoxville sau 11. Brad Sweet ya ci sau biyar a jere daga 2019 zuwa 2023, sannan ya fice, shi da Larson suka faɗaɗa tasu gasar mai suna High Limit ta zama ta ƙasa baki ɗaya a 2024. Sauran da sunansu bai kai nan ba, in ƙafa ta fara nauyi, sukan koma shugabancin makanikai, ko haɗa inji da shokazoba a garejinsu, ko su sayi mota su ɗora wani yaro a kan kaso irin wanda aka ba su.